Shekarar da na zauna a benci

Ranar Juma'a 22 ga Yunin 2018, mako guda bayan Ƙaramar Sallah, muna idar da La'asar muka ruga gidan kallon unguwarmu a Roni. Shekaruna 13 a lokacin. Nijeriya ce ke karawa da Iceland a gasar Kofin Duniya ta Rasha. An tafi hutun rabin lokaci babu ci, har wasu sun fara tsaki. Minti huɗu da dawowa Victor Moses ya bugo ƙwallo daga dama, Ahmed Musa ya tare ta, ya ɗirka ta a raga. A minti na 75 ya yanke mai tsaron gida ya ƙara ta biyu. Tsabar tsalle sai da bencin da muke kai ya karye. A daren na ƙudurta cewa ni ma a Turai zan buga ƙwallo.

Daga nan littafi ya koma ƙarƙashin katifa. Da an tashi makaranta sai fili, sai an kira Magariba nake shigowa gida da ƙura har gira. Lamba tara nake bugawa, abokaina suna kirana Musa, ni kuwa kaina na ƙara girma. Da sakamakon jarrabawarmu ta kammala sakandare ya fito a 2022, ban samu kiredit a Lissafi da Turanci ba. Abokaina suka wuce, wasu Kazaure, wasu Dutse, wasu Kano. Baba ya ce in koma aji shida in sake zama. Na ce gara in bar karatun da in zauna aji ɗaya da yaran da nake aike.

Yayana ne ya same ni a zaure. Bai yi mini faɗa ba. Tambaya ya yi: "Kai da ake kira Musa, ka san a wace ƙungiya yake wasa lokacin da ya ci Iceland?" Na ce Leicester. Ya miƙo mini wayarsa ya ce, "Duba da kanka."

Ashe ƙwallayen kawai na sani, ban san tarihin mai su ba. A Jos aka haifi Ahmed Musa a 1992. Ya ci ƙwallo 18 a Kano Pillars a kakar 2009/2010, ya fi kowa a gasar Nijeriya. Daga nan sai VVV-Venlo ta ƙasar Holan, sannan CSKA Mosko a 2012, inda ya ɗauki kofin gasar Rasha sau uku. A 2016 Leicester, wadda ta lashe Firimiyar Ingila a shekarar, ta saye shi da tsada. Amma a kakarsa ta farko ƙwallo biyu kacal ya ci a Firimiya. A kaka ta biyu ko wasa ɗaya na Firimiya ba a sa shi ba, ga Kofin Duniya na ƙaratowa. A Janairun 2018 ya yarda aka mayar da shi aro CSKA, wurin da ya baro. Can ya samu wasa, ya ci ƙwallo shida a wasanni goma. Ƙafar da ta ci Iceland a can ta sake yin kaifi.

Na daɗe riƙe da wayar. Mutumin da duniya ta sani bai ji kunyar komawa inda ya fito ba, sai ni da ko a Gwiwa ba a san sunana ba? Yaya ya karɓi wayarsa ya ce, "Ja da baya ga rago ba tsoro ba ne."

Na koma, kuma ba zan ce muku da daɗi ba. Makon farko a kujerar baya nake zama, ina jin ana raɗa, "Ga Musa ya dawo aro." Wani yaro da na girme wa da shekara biyu shi ya koya mini lissafin da na shekara uku ina gudu. Ƙwallo ta koma Asabar da Lahadi kawai. A 2023 na samu kiredit ɗina, yanzu ina aji biyu a Jami'ar Tarayya ta Dutse, kuma har yau ni ne lamba tara a sashenmu.

Ƙannena, ban ce ku bar ƙwallo ba. Amma in kuna son ɗan wasa, ku karanta tarihinsa duka, har da watannin da ya yi a benci. In kuma sakamakonku ya fito ba yadda kuke so ba, ku tambayi ranar da za a fara rajistar jarrabawa ta gaba.