Naman Kaza na Suri

A unguwar Paspanga da ke birnin Wagadugu akwai wata tsohuwa Bahaushiya wadda ba ta yarda damina ta kankama ba sai ta ga naman kaza na suri. Da ruwan Yuli ya zauna, takan aiki jikanta kasuwa ya tambayo mata. Damina uku ke nan yana dawowa hannu wofi. Bara ya ga wani farin abu ya tsiro cikin ciyawa a bakin madatsar ruwa, ya tsinko ya kawo mata da murna. Ta juya shi, ta dubi gindinsa, ta ce: "Maigidana, wannan laimar kwaɗi ce. Jefar da ita ka wanke hannunka. Wanda ake ci doguwar saiwa gare shi, kuma ba ya fitowa sai inda gara take."

A bakinta kalmomin nan biyu ba ɗaya ba ne. Naman kaza na miya ne, laimar kwaɗi kuwa mai kwantar da mutum ce. A wurin yaron duk abu guda ne, kuma a nan haɗarin yake.

Abin da ta faɗa game da gara, masana sun tabbatar da shi. Wani masani Bafaranshe, Roger Heim, shi ya raɗa wa wannan jinsi suna Termitomyces a 1942. Gara ce ke noma shi. Takan kwaso busasshiyar ciyawa da itace zuwa cikin suri, ta gina masa wani abu mai kama da saƙar zuma. Shi kuma ya ruɓar da abin da cikinta ba zai iya narkarwa ba, ya zame mata abinci. Idan ruwa ya jiƙa ƙasa, sai ya miƙo saiwarsa daga can ciki ya buɗe laima a sarari. Har yau ba a iya noma shi a gona don sayarwa ba. Saboda haka duk surin da aka rushe, an rushe shi ne tare da naman kazansa.

Rushewar kuwa ba ta tsaya ba. Filayen ciyawa da ke kewaye da birnin sun zama fuloti. Masu kiwon kaji da zabi suna fasa suri don ciyar da 'yan tsaki, masu gini suna zuba wa gara magani. Wani bincike da Marie Laure Guissou da abokan aikinta suka wallafa a 2008 ya nuna cewa sanin naman kaza da amfani da shi suna ja da baya a Burkina Faso. Abin da ido ya daina gani, baki ma yakan manta sunansa.

Amma ba kowa ne ya ɗauki gara abokiyar gaba ba. Marigayi Yacouba Sawadogo, manomin Yatenga, ya farfaɗo da ƙasar da ta mutu ta hanyar haƙa ramukan zai yana zuba taki a ciki. Takin ya jawo gara, gara ta huda ƙasa, ruwa ya sami hanyar shiga. A kusa da Paspanga ma akwai dajin Bangr-Weoogo, wato dajin ilimi a harshen Mosi, wanda aka miƙa wa hukumar birnin a 2001. Nan ne ɗan birni zai iya ganin suri a tsaye.

Can tsohuwar ta sa jikan ya kai ta bana, bayan wani ruwan dare. Ba su sami ko ɗaya ba. Ta tsaya gaban wani jan suri, ta nuna masa gefen da za a duba, ta ce idan ya samu ya tona a hankali har saiwar ta fito, kada ya fasa gidan masu noman.

Yaron ya ce: "Kaka, in kuma bai fito ba fa?"

Ta ce: "Sai ka dawo baɗi. Ai yanzu ka san sunansa."