New York Kafin a Rufe Ƙofofi

A watan Oktoba na 2019 Amazon Prime Video ya saki Modern Love: labarai takwas, kowanne wajen rabin awa, kowanne da nasa 'yan wasan. Asalinsu wani shafi ne da jaridar New York Times ta buɗe tun 2004, inda mutane ke rubuto yadda so ya yi da su. Cikin dare biyu na cinye su a waya, ina kallo ina lissafin data.

Mu da muka tashi da fim ɗin Indiya mun saba so ya fara da haɗa ido ya ƙare da ɗaurin aure. Sai ga labarin farko ya zo da mai gadi. Guzmin, dattijo ɗan Albaniya, shi ke tsaron ƙofar benen da Maggie take haya. Duk saurayin da ya rako ta, kallo ɗaya zai yi masa ya ce mata wannan ba na zama ba ne, kuma maganarsa ba ta faɗuwa ƙasa. Da ta samu ciki uban cikin ya zame, bai yi mata gori ba. Shi ya tsaya mata har ta haihu, ya riƙa karɓar jaririyar kamar jikarsa. Bayan shekaru ta dawo daga Los Angeles da wani mutum, ya amince da shi nan take, sannan ya gaya mata cewa tun can ba samarin yake dubawa ba, idanunta yake karantawa. Har yau in na tuna wurin nan sai jikina ya yi sanyi, don na san irin waɗannan dattawa a bakin zaure, masu sanin halin yarinya tun daga takunta.

Anne Hathaway kuma ta fito a matsayin lauya mai lalurar ƙwaƙwalwa, yau tana rawa a kantin cefane, gobe ko tashi daga gado ta kasa. Ba ta samu saurayi ba. Abin da ta samu ƙawa ce ɗaya daga wurin aiki wadda ta zauna ta saurare ta. Labarin da Tina Fey da John Slattery suka fito a matsayin ma'auratan da wasan tanis ya riƙe aurensu, bai kama ni sosai ba.

Amma abin da ya fi taɓa ni da na sake kallo shi ne garin New York kansa. Mutane cunkushe a gidan abinci, ana runguma, ana zama kafaɗa da kafaɗa da baƙo. A labarin ƙarshe aka tattaro kowa cikin ruwan sama na yini guda, wannan na neman mafaka, wancan na tafiya a jiƙe. Wata biyar bayan fitowar shirin, a Maris na 2020, korona ta rufe New York ruf.

Zango na biyu da ya zo a Agustan 2021 ya ɗauko wannan ciwon. A ɗaya daga cikin labaransa, Kit Harington da Lucy Boynton suka haɗu a jirgin ƙasa daga Galway zuwa Dublin, hira ta yi daɗi, suka ƙi karɓar lambar juna, suka yi alkawarin haɗuwa a tasha bayan mako biyu. Dukanmu haka muka zata, mako biyu ne a wuce wurin. Ranar alkawari ta zo an hana fita, jami'an tsaro suka mayar da kowannensu gida. Shi dai ya tuna sunan layin da ya ji ta faɗa, ya je ya ajiye mota a bakin layin, yana duban duk wadda ta gifta.