Ladin Cima da Ladan Fitowa a Fim

Daga Gwarzo har Kabo, da wuya a sami gidan da bai san fuskar Ladin Cima ba, wadda ake kira Tambaya. Ta shekara da shekaru tana fitowa, tun zamanin wasan kwaikwayon talabijin har zuwan Kannywood. A Fabrairun 2022 ta shaida wa BBC Hausa cewa naira 2,000 zuwa 5,000 ake biyan ta a fim. Wasu manyan masana'antar suka musanta. Sai dai musun bai taɓa tushen matsalar ba: 'yar wasa ranar ɗauka ake sallamar ta, fim ya yi ta kawo kuɗi ba ta da kaso. Ran da ƙarfi ya ƙare, suna kaɗai ke rage mata, shi kuwa ba ya biyan kuɗin haya.