Hannun Inna da Sakacin da Na Yi

Da daminar bara Inna ta zame a bakin rijiya, ta dafe ƙasa da tafin hannun dama. Kafin magariba wuyan hannun ya kumbura, ya karkace. Na ce mu tafi asibiti a ɗauki hoto, ta ce: "Haba ɗan nan, targaɗe ne kawai." Na yi lissafin aljihuna, na ga maganarta ta fi mini sauƙi, na kira mai ɗori.

Ya ja hannun, ya jera kara, ya ɗaure tam. Kwana biyu Inna ba ta runtsa ba, babban yatsa da biyun da ke biye da shi suka daina ji. Muka ce ai haka ɗori yake. Da aka kwance bayan wata biyu, ƙashi ya haɗe, amma a karkace. Ko muciya ba ta iya riƙewa.

A asibitin ƙashi likita ya nuna mini hoton. Ƙarshen babban ƙashin damtsen ƙasa ne ya karye, daidai inda yake haɗuwa da ƙananan ƙasusuwa takwas na wuyan hannu. Ya ce karaya ce da ta yawaita ga mata masu shekaru, saboda ƙashinsu yana rage ƙwari bayan ɗaukewar al'ada. Da mun zo da wuri, mai yiwuwa gyara da filasta na mako shida sun wadatar. Yanzu sai an sake yanke ƙashin, a miƙar da shi, a ɗaure da farantin ƙarfe da kusoshi, a kuma saki jijiyar da ta matse.

Bai ɓoye mana haɗarin ba: miki yana iya yin ruwa, gaɓa tana iya sanƙarewa, ƙarfen yana iya gogar jijiyar da ke motsa yatsa. An yi aikin, aka shafe watanni ana gashi. Yau Inna tana jan carbi, amma tuƙin tuwo ya gagara.

Ban zo zagin masu ɗori ba, da yawa sun gaji sana'ar da gaskiya. Sai dai hannu ba ya ganin abin da hoto ke gani. A fara da hoto. In kuwa yatsu suka yi sanyi, ko suka canja launi, ko suka daina ji, a sassauta ɗaurin a garzaya asibiti a daren.

Inna ta ce ƙaddara ce, ta yafe. Ni ne dai har yau nake kau da kai idan ta miƙo hannu karɓar kwano.