Kawu, Danja da Lambar P0504

Kafanchan gari ne da ƙarfe ya raina. Tun da layin dogo ya iso a 1927, ya taso daga Fatakwal ta Inugu da Makurdi, ya zo nan ya rabu biyu, reshe ɗaya ya nufi Kaduna ɗaya ya hau Jos, garin ya cika da masu sana'ar hannu daga kowace kusurwa. Bajju da Fantswam da mutanen Kagoro da Jaba da Kaninkon, ga Hausawa da Fulani, ga Ibo da Yarbawa, duk Hausa ce ta haɗa su a kasuwa da bakin tasha. Lokacin da muka yi wayo jirgin ya fara ja da baya, amma mutanen da loko, wurin gyaran jiragen ƙasa, ya horar ba su tafi ko'ina ba. Sun bazu cikin gari, wannan ya buɗe shagon walda, wancan ya koma gyaran injin niƙa. A hannun ɗaya daga cikinsu kawuna, yayan mahaifiyata, ya koyi wayarin ɗin mota.

Garejinsa na kan hanyar Kagoro, rumfar kwano ce da benci da inuwar mangwaro. Duk hutun makaranta can ake tura ni don kada in yi yawon banza. Motocin lokacin ba su da yawan iri: Fijo 404 akori-kura masu ɗauko citta daga Kwoi, da 504 da kamfanin PAN ke haɗawa a Kaduna, wanda ya fara aiki a 1975, sai Bitil jefi-jefi. Kayan aikin Kawu kuwa aljihun rigarsa na ɗauke su: filaya, sukundireba, da tasta wadda ya haɗa da kansa, ƙwan fitila ne da guntuwar waya da ƙusa. Sauran aikin kunne ne da hanci. Yakan sunkuya ya shinshina ƙarƙashin dashbod ya ce waya ta ƙone ta gefen hagu, a buɗe kuma a tarar haka ne.

Aikina na farko a garejin shi ne tsayuwa bayan mota. Kawu zai taka birki ya ɗaga murya, "Ɗan nan, ta kawo?" Ni kuma in amsa, "Ta kawo, Kawu!" ko "Ta dama ce kaɗai!" A zamanin suwicin birki aiki ɗaya gare shi, ya kunna danja idan an taka. A 504 yana maƙale saman feda, a Bitil kuwa yana jikin masta, ƙarfin man birki ne ke tura shi. In ya mutu mota ba ta sani ba, direba ma bai sani ba, sai na bayansa ya kusa afka masa a gangara ya zage shi tas.

Sai motocin Kwatano suka fara kwararowa, masu giyar atomatik da ƙwaƙwalwa a ciki. Daga 1996 doka ta wajabta wa duk motar da za a sayar a Amurka ta zo da soket mai ramuka 16 a ƙarƙashin sitiyari, inda ake jona na'ura ta karanta abin da ke damun motar. Turai ta bi sahu a 2001 ga masu shan fetur. Waɗannan motocin ne, bayan sun tsufa a can, suka sauka a tashar jiragen ruwa suka gangaro har Kafanchan. Na ga yadda abin ya taɓa Kawu. Kwastoman da ya shekara ashirin yana zuwa wurinsa sai ya ce, cikin jin nauyi, zai leƙa Jos ko Kaduna "a saka mata kwamfuta". Kawu ba ya cewa komai. Sai dai in mutumin ya tafi ya daɗe yana goge filayar da babu datti a jikinta.

Ni na kawo na'urar farko garejin, bayan na gama karatu a Kaduna. Ƙarama ce, ba ta fi tafin hannu ba, da igiya mai kauri. Kawu ya juya ta, ya auna nauyinta, ya miƙo mini ya ce in ajiye abata inda ƙura ba za ta shige ta ba.

Ranar da ta yi amfani ta zo a ƙarshen Disambar 2013. Duk wanda ya san kudancin Kaduna ya san wannan lokacin: hunturu ya sauka, hazo ya rufe duwatsun Kagoro, 'yan gida sun dawo daga Abuja da Legas don Kirsimeti da bikin Afan na ɗaya ga Janairu, garin ya cika da motocin da ba a saba gani ba. Da hantsi aka jawo wata 'yar Japan mai atomatik da igiya. Mai ita dattijo ne ma'aikacin gwamnati, ya zo da iyalinsa daga Abuja. Injin na tashi lafiya lau, amma sandar giya ta kafe a P, ko motsi. Sai da wani ya nuna masa ɗan ramin da ke gefen sandar, ya zura mabuɗi ya danna, sannan ta yarda ta koma N aka jawo ta. Wurin da ya fara zuwa an riga an yanke masa hukunci: giyabos ta tafi, sai an sauke ta, kuma sai bayan sabuwar shekara za a samo wata daga kasuwar Panteka. Kuɗin da aka faɗa masa ya sa gumi ya keto masa a cikin sanyin nan.

Kawu ya zagaya motar, ya dube ni. "To, ɗan boko, ɗauko abar taka mu gani."

Na durƙusa na laluba soket ɗin, na jona, na murɗa mabuɗi ba tare da tayar da injin ba. Yaran garejin duk suka bar abin da suke yi suka kewaye ni. Allon ya ɗan yi tunani, sai ya fito da lamba guda: P0504.

Na karanta da ƙarfi. Kawu ya yi dariyar da na daɗe ban ji ya yi ba. "Ashe Fijo ce ta biyo ni har cikin kwamfuta!"

Na yi masa bayani gwargwadon abin da na sani. Harafin P na nufin matsalar na ɓangaren injin da giya ne. Da ta jikin mota ce B za a gani, ta ƙafafu da birki C, ta sadarwa tsakanin ƙwaƙwalen motar kuma U. Sifirin da ke biye na nufin lambar ta kowa da kowa ce, ma'anarta ɗaya a motar Japan da ta Jamus. Ita kuwa 504 ɗin cewa take yi saƙonni biyu da ke fitowa daga suwicin birki ba su dace da juna ba. Don suwicin motocin yanzu biyu ne a gida ɗaya. Ɗaya a buɗe yake sai an taka birki ya rufe, shi ne mai kai wuta ga danja. Ɗayan a rufe yake sai an taka ya buɗe. Ƙwaƙwalwar mota na sauraron su duka, kamar alƙalin da ke da shaidu biyu: muddin maganarsu ta yi daidai da abin da ya sani, shari'a na tafiya, ran da ɗaya ya ce an taka ɗayan ya ce ba a taka ba, sai ya rubuta a littafi ya dakatar da zama.

"Kuma me ya haɗa wannan da giya?" in ji mai motar.

Abin da ya haɗa su shi ne ɗan kulle da ke ƙarƙashin sandar. Masu ƙera motoci sun sa shi ne don kada yaro ko mai gaggawa ya fizgo giya daga P mota ta zabura. Ba ya saki sai ya sami labarin cewa ƙafa na kan birki, kuma daga wannan suwicin labarin ke zuwa. Shi dai ne ke gaya wa na'urar riƙe gudu ta saki totur, shi ke sanar da ABS, a motocin da ake tayarwa da maɓalli kuma in bai yi magana ba injin ma ba zai tashi ba. Abin da a da bai da aiki sai kunna ƙwai biyu, yanzu rabin motar na jiran ta bakinsa.

Kawu ya gama saurare, ya gyaɗa kai. Sannan ya ce abin da har yau nake maimaita wa yara masu koyo: "Ta ce shaidu sun saɓa. Ba ta ce wane ne maƙaryacin ba."

Ya kira ƙaramin yaron garejin ya tsaya a baya. Ya taka birki. "Ta kawo?" Yaron ya ce ko ɗaya, har ta saman gilashi. Kawu ya ce ƙwai uku ba sa mutuwa rana ɗaya. Ya buɗe akwatin fis ya zaro na danja ya ɗaga shi sama ya duba, lafiyarsa ƙalau. Sai ya cire hularsa, ya kwanta rigingine a ƙasan sitiyari, ƙafafu a waje, mutumin da ya haura sittin. Ya maƙala wayar tastarsa a jikin ƙarfe, ya soka ƙusar a wayar da ke shiga suwicin: ƙwan ya kama. Ya koma kan wadda ke fita ya danna feda da hannu: shiru. Ni kuma ina riƙe da na'urar, na shiga shafin da ke nuna abin da ƙwaƙwalwa ke ji a daidai lokacin. Duk dannawar da ya yi layi ɗaya na sauyawa, ɗayan ya tsaya cik. Na gaya masa. Daga can ƙasa ya ce, "To, ni da ita mun yi ittifaƙi."

Ya murɗo suwicin ya fito da shi, ɗan abu kamar babban yatsa. Don ya gamsar da mai motar sai ya haɗa wayoyin nan biyu da guntuwar waya, nan take danja ta kama, muka ji ƙas a ƙarƙashin sandar giya, ta saki. Da ya fasa tsohon suwicin, bakin ƙarfen da ke haɗuwa a ciki ya yi baƙi ƙirin, ya cinye. Aka aiki yaro kan acaɓa shagon wani Ibo haifaffen garin, wanda Hausarsa ta fi tawa, ya kawo wani. Ɗaurawar ma da nata ilimin: in ya matse da yawa danja ba za ta kama da wuri ba, in ya yi sako-sako za ta zauna a kunne ta shanye batir cikin dare. Kawu ya yi ta gyara zamansa har sai da danja ke kamawa da zarar ƙafa ta ɗan taɓa feda. Sannan na goge lambar, muka zagaya har kusa da Kagoro muka dawo, na sake jonawa, ba ta dawo ba. Abin da dattijon ya biya duka bai kai kuɗin cika tankinsa ba. Ya riƙe hannun Kawu da hannu biyu yana ta "Na gode, Baba, Allah ya ƙara basira," ni kuwa ya ce in riƙe wannan tsohon da kyau.

Daga baya na karanta cewa a Afrilun 2013 kamfanonin Hyundai da Kia sun janye motoci sama da miliyan ɗaya da rabi a Amurka saboda wannan ɗan suwicin. Ashe ba mu kaɗai yake ba wa wahala ba.

Bayan nan lambar ta sha dawowa garejin, ita da 'yan uwanta P0571, P0572 da P0573, kuma ba kullum suwicin ne mai laifi ba. Akwai motar da fis ɗinta ne ya ƙone, aka sa sabo ya sake ƙonewa, sai da Kawu ya bi waya har inda take lanƙwasa a murfin but ya tarar ta goge tana taɓa ƙarfe. Akwai wadda aka cusa wa ƙwai mai zare ɗaya a gurbin mai zare biyu, wuta ta riƙa komawa ta inda bai kamata ba. Wadda ta fi ba ni dariya ita ce ta wata malamar makaranta daga Zonkwa da batirinta ke mutuwa kowace safiya har ta sayi sabo. Wata 'yar roba ce da ke jikin feda, wadda ke danne kan suwicin, ta tsufa ta farfashe. Ɓurɓushinta na nan kan kafet. Danja ta kwana a kunne ba wanda ya lura. Na'ura ba ta da lambar da ke cewa a duba kafet.

Shi ya sa raina ke ɓaci in na ga abin da wasu ke yi yanzu da na'urar ta yi araha, har akwai wadda ake haɗawa da waya. A jona, a karanto lamba, a goge ta, fitilar gargaɗi ta mutu, a karɓi kuɗi. Kwana biyu ta dawo. Wasu kuma duk sunan da allo ya ambata sai su ce a sayo sabo, in bai yi ba a sayo na gaba da shi, da kuɗin mai mota ake koyon aikin. Laifin ba na na'urar ba ne. Ta rage mana wahala ƙwarai, ba don ita ba da an sauke giyabos ɗin dattijon nan a banza. Amma unguwa take nunawa, mai gyara ne zai nemo gidan.

Kawu bai taɓa koyon latsa ta da kansa ba har ya bar aiki, idanunsa ba sa ganin ƙananan rubutun. Sai dai ya daina cewa a kai Jos. Yakan ce, "Ɗan nan, tambaye ta," in na karanto kuma ya zaro tastarsa. Shekarun da muka yi a haka su ne mafi daɗi a zamana na gareji, kuma ban ga wanda ya kai mu saurin gano ciwon mota a kan hanyar nan ba, ko da za a ce yabon kai ne.

Mai karatu, in wata rana sandar giyarka ta kafe a P, ko ka ga batir na mutuwa ba dalili, kada ka yi saurin yarda a kwance maka mota. Sa wani ya tsaya a baya ka taka birki ya gaya maka ko danja ta kawo, ka saki ya gaya maka ko ta mutu. In an saka mata kwamfuta, ka nemi a rubuta maka lambar a takarda kafin a goge, kuma ka ce a gwada fis da waya a gabanka kafin ka biya kuɗin sabon kaya.