Ciyawa, Ruwa da Bakin Bindiga: Littattafan Kaboyi na Ƙuruciyata

A makarantar kwanan da na yi a shekarun 1970, littafin kaboyi ba ya daɗewa a hannun mutum ɗaya. Layi ake bi. Kafin ya zagayo kanka bangon ya tafi, an ɗinke gindinsa da zare da allura, wani lokaci ma shafukan ƙarshe sun zube, sai ka nemi wanda ya karanta shi yana cikakke ya ƙarasa maka labarin da baki. In an kashe fitilun ɗakin kwana, sai a shige bargo da tocila. Sunayen marubutan kuwa mun haddace su: Louis L'Amour, Zane Grey, J. T. Edson, da Oliver Strange mai labaran Sudden. Biyun ƙarshen nan 'yan Ingila ne, kamar yadda Django, fim ɗin 1966 da ya fi kowanne tashe a wurinmu, Italiyawa ne suka yi shi. Wani babban yanki na Amurkar da muka sani a Turai aka ƙera shi, ya biyo ta hannun 'yan gwanjon littattafai da masu gidajen silima ya iso mana.

In hutu ya kai ni Kano, nakan bi 'yan uwana zuwa Plaza ko Orion bayan magariba, ba da sanin manya ba, don a lokacin ɗan mutunci ba ya faɗa a gida cewa silima za shi. Ba kowa ke jin Turancin fim ɗin ba, kuma ba a bukata. Da mutum ya bayyana a majigi an san ko akta ne ko bos. Ranar da Franco Nero ya buɗe akwatin gawar da yake ja cikin taɓo ya fito da ƙatuwar bindiga mai aman harsashi, duk gidan tsaye ya miƙe, ana ihu ana buga benci.

Labarin kusan ɗaya ne kullum. Wani mai dubban shanu ya mallake kwari da mashaya, ya sayi ɗan doka mai tauraro a ƙirji, ya tara 'yan bindiga yana ciyar da su. An kashe wa wani uba ko wa, an ƙone masa gida. Shekaru sun wuce, sai ga baƙo ya shigo gari a kan doki, malafa ta rufe masa ido, ba ya yawan magana. Sauran kuwa jira ne, har zuwa ranar da za a tsaya fuska da fuska a tsakiyar titi. Na san dalilin da ya sa wannan ya kama mu. Mu ƙananan ɗalibai ne a ƙarƙashin manya: mu ne ɗebo ruwa, mu ne wanki, mu ne shan gwale-gwale kan laifin da ba mu yi ba, kuma in ka kai ƙara wahalarka ta ninka. Yaron da ke cikin wannan hali in ka ba shi labarin mutumin da ba ya bukatar kai ƙara wurin kowa, ka ba shi abin da ransa ke so. Har yau ban raina wannan ƙishirwa ba, don ƙishirwar adalci ce, ko da yake ta bakin bindiga kawai aka nuna mana hanyar kashe ta.

Littafin da ya zauna mini daban shi ne Shane na Jack Schaefer, wanda ya fito a 1949. Da shi na tafi ƙauye wani dogon hutun damina, wurin kawuna, manomi da gonarsa ke bakin burtali. Ya gan ni kullum kai a sunkuye, sai wani dare bayan lisha, muna kan tabarma a ƙofar gida, ya ce, "Ɗan nan, me ke cikin takardar nan da ya hana ka hira?" Na matso da fitilar ƙwai, na fara juya masa labarin da Hausa, dare bayan dare.

Na ɗauka wurin harbi zai fi so. Amma inda ya tsayar da ni shi ne wurin da Shane da mai masaukinsa Joe Starrett suka ɗauki gatari suka auka wa wani tsohon kututture da ya daɗe yana gagarar manomin a bakin gida. Suna sara suna haƙa, ba mai ce wa wani uffan, har suka tumɓuke shi. Kawu ya sa na maimaita masa wurin. Ya ce wanda ya rubuta wannan ya san me ake nufi da sharar sabuwar gona, kuma baƙon da ya kama maka irin wannan aiki ba tare da ka roƙe shi ba ya zama ɗan gida. Da muka zo kan Fletcher, mai shanun da ke son korar manoma daga bakin kogi, tambayoyinsa suka ƙaru. Shanu nawa gare shi? In an kewaye bakin ruwa da shinge, ina za su sha da rani? Da na gaya masa Fletcher ya ɗauko wani ɗan bindiga, Stark Wilson, wanda ya tsokani wani manomi mai saurin fushi har ya kai hannu ga bindiga, shi kuma ya harbe shi a gaban jama'a, sai Kawu ya yi shiru, can ya ce, "To, garin ba su da sarki ne? Ba alƙali?" Na ce littafin ya nuna hukuma na da nisa. Ya ce, "Kafin su duka su zo, ƙasar ta wa ce?" Wannan kam littafin bai tsaya a kai ba.

A wannan hutun ne shanun wata ruga suka ƙetare burtali suka shiga gonar dawarsa, yaron da ke kiwonsu barci ya ɗauke shi a gindin bishiya. Babban ɗan Kawu ya fito da gora yana huci. Kawu ya ce masa, "Ajiye sandan nan, je ka gaya wa dagaci." Washegari da hantsi wakilin dagaci da Arɗo da wasu dattawa biyu suka zaga gonar kunya kunya, suna duba inda aka tattake da inda aka cinye, suka ƙiyasta damin da aka yi asara. An ja, an sassauta, aka tsaya a kan abin da za a biya. Kawu ya yafe wani kaso, don shanun nan ne dai za su sauka a gonarsa bayan kaka su ci kara su bar masa taki. Ba ina cewa kowace ɓarna haka take ƙarewa a wancan zamani ba. Akwai dagatai masu karɓar na goro, akwai manomi ko makiyayin da aka danne. Amma akwai ƙofar da ake ƙwanƙwasawa, kuma galibi ana buɗewa.

Sai da na girma na sami amsoshin tambayoyin Kawu a littattafan tarihi. Ƙasar da ake wannan faɗa a kanta a arewacin Wyoming, wajen kogin Powder, wurin farautar ƙabilun Lakota da Cheyenne da Crow ce, kuma da ƙarfin soja aka raba Lakota da Cheyenne da ita a shekarun 1870. Masu manyan garkuna suka shigo suna kiwo a filin gwamnati kyauta, wasunsu da jarin kamfanonin Ingila da Sikotland. A ɗaya ɓangaren kuma dokar 1862 ta ba kowane magidanci damar kama eka 160, in ya zauna ya raya ta shekara biyar ta zama tasa, kuma kowa bakin ruwa yake nema. A 1874 Joseph Glidden ya sami rajistar wayarsa mai ƙaya, shinge ya yi arha a ƙasar da ba itace. Sannan hunturun 1886 zuwa 1887 ya zo da dusar ƙanƙarar da ta hallaka shanu ba adadi. Manyan da suka yi asara suka ɗora laifin a kan ƙananan masu kiwo, duk wanda ya tara 'yan shanunsa sai a ce ɓarawo ne. A 1889 aka rataye wata mata, Ella Watson, tare da James Averell, ba shari'a, kuma ba wanda aka hukunta.

A watan Afrilun 1892 manyan masu shanun suka haɗa rundunar mutum kusan 50, sama da 20 daga ciki 'yan bindigar haya ne daga Teksas, suka hau jirgin ƙasa na musamman daga Cheyenne da jerin sunayen waɗanda za a kashe a gundumar Johnson. Suka fara da wata bukkar katako inda Nate Champion, ɗaya daga waɗanda ke cikin jerin, yake. Suka harbe abokinsa Nick Ray, shi kuma ya tsare su kusan yini guda shi kaɗai, yana rubuta abin da ke faruwa a wani ɗan littafin aljihu, har suka turo keken doki mai cin wuta suka ƙone bukkar. Ya fito da gudu suka bindige shi. Jinkirin nan ya ba mutanen garin Buffalo damar taruwa, suka yi wa maharan ƙawanya a wani gidan gona, sai da shugaban ƙasa Benjamin Harrison ya tura sojan doki suka fitar da su. Aka ɓatar da shaidu, kuɗin shari'a ya fi ƙarfin gundumar, a farkon 1893 aka kori ƙarar. Mutum ɗaya bai yi zaman hukunci ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai a nan shi ne matsayin ɗan bindiga. A littafi shi ne mai ceto, ya zo daga inda ba a sani ba, ba ya karɓar ko kwabo. A Wyoming kuwa ɗan ƙwadago ne, ana biyansa kuɗin yini, da ƙarin lada a kan kowace gawa, kuma mai kuɗi ne ke iya ɗaukarsa. Schaefer ya san haka, shi ya sa ya yi Wilson, ya kuma sa Shane ya bar kwarin da rauni a jikinsa bayan ya yi kisan, don ba shi da wurin zama cikin zaman lafiyar da ya samar. Owen Wister kuwa, wanda littafinsa The Virginian na 1902 ya zama uban wannan fanni, abokin manyan masu shanu ne, kuma gefensu ya ɗauka. Jaruminsa yana cikin waɗanda suka rataye tsohon amininsa Steve kan satar shanu, sannan aka kawo wani alƙali a littafin ya yi dogon bayani cewa in kotu ta gaza, jama'a na da ikon karɓe hukunci a hannunsu. An rubuta shi da gwaninta, kuma gwanintar ce ta sa nake jin tsoronsa.

Amsar da ta fi ƙarfi ga wannan ra'ayi ta zo a 1940, a littafin Walter Van Tilburg Clark mai suna The Ox-Bow Incident. Wannan bai taɓa shiga layinmu na makaranta ba, kuma da ya shiga da wuya ya yi farin jini, don ba akta a cikinsa. Labari ya iso wani ƙaramin gari a Nevada cewa an kashe wani makiyayi an kore shanu. Mutane suka hau dawaki, cikin dare suka tarar da mutum uku suna barci kusa da shanun. Babbansu ya ce saya ya yi, amma ba shi da takardar ciniki. Akwai waɗanda zuciyarsu ba ta kwanta ba, sai dai kowa na gudun a ce masa matsoraci. Da asuba aka rataye su. A hanyar komowa suka ci karo da wanda aka ce an kashe, da ransa, da kuma mai shanun da ya tabbatar cewa shi ya sayar.

Ba na iya karanta wannan yanzu ban tuna Zamfara da Katsina ba, da yadda satar shanu da hukuncin 'yan sa-kai da ramuwar gayya suka riƙa haifar juna har abin ya fi ƙarfin kowa. Ba daidai suke da Wyoming ba: can mai shanu shi ne mai kuɗi da gwamnati, a nan kuwa sau da yawa manomin da makiyayin duk talakawa ne. Amma tambayar Kawu ta sarki da alƙali tana nan. Shari'ar da muka tashi a cikinta ta san zafin jini, ta ba waliyyin mamaci haƙƙin ƙisasi ko diyya ko afuwa, sai dai a gaban alƙali, bayan shaida, kuma a kan wanda ya yi kisan shi kaɗai, ban da ƙaninsa da rugarsu da ƙauyensu. Littattafan da muka yi wa layi ba su da wannan iyaka. A cikinsu harsashin ƙarshe yana rufe magana, don marubuci ya riga ya tabbatar mana wane ne mai laifi, kuma bos ba shi da ɗa da zai taso.

Zane Grey ya gina To the Last Man a kan wata gaba ta gaske, tsakanin gidan Graham da gidan Tewksbury a kwarin Pleasant da ke Arizona, wadda ta faro daga zargin satar shanu, shigo da tumaki ya ƙara mata wuta, ta ci kusan shekara goma. Na tuna yadda muka ji daɗin ƙarshen littafin, inda saurayin gida ɗaya da budurwar ɗaya gidan suka tsira da soyayyarsu. A zahiri, a 1892 aka harbe Tom Graham, namiji na ƙarshe cikin masu faɗan a gidansu, yana tuƙa keken hatsi kusa da Tempe. Matarsa Annie ta shiga kotu da ƙaramar bindiga a ɓoye ta auna ɗaya daga waɗanda ake zargi, bindigar ta sarƙe ba ta tashi ba. An sami Ed Tewksbury da laifi, daga baya aka soke hukuncin kan kuskuren tsarin shari'a, aka sake shi. Ya koma garin Globe ya zama ɗan doka, ya mutu a 1904.