Lamba 1260 a Kan Dutsen Bayview

Ni dai ba na tafiya sai da 'yar rediyona, irin mai batir biyu da ake murɗawa da babban yatsa. Ko San Francisco da ita na je, garin da kowa ya toshe kunne yana latsa waya. Ranar da na sauka, da la'asar sakaliya, na kwanta ina lalube a matsakaicin zango, sai na ci karo da wata murya a kan lamba 1260. Namiji ne yake jan addu'a ana amsa masa, jimla ɗaya ana maimaita ta goma-goma. Ba addinina ba ne, amma duk wanda ya tashi a gidan da ake jan carbi zai gane abin da ake yi.

Mai masaukina, wani dattijo haifaffen garin, ya leƙo ya ji, sai ya yi dariya.

"Ɗana, ka san inda ka tsaya kuwa? A nan muka yi samartakarmu. Da can babu addu'a a wurin, kiɗa ne zalla."

Washegari ya ce in hau dutsen Bayview in gani da idona. Na hau jirgin cikin gari zuwa kudu maso gabas, na sauka, na bi wata hanya mai hawa har sai da gwiwa ta fara kuka. Iskar wurin ba ta da kunya, sau biyu tana tuɓe mini hula. A can sama, tsakanin itatuwan turare, ga wani ɗan ginin siminti da dogon ƙarfen watsa shirye-shirye a kusa da shi. Da a ce ban san labari ba, da na ɗauka ɗakin injin ruwa ne. Ashe Julia Morgan ce ta zana shi a 1937, mace ta farko da ta samu lasisin zanen gine-gine a jihar Kalifoniya, wadda ta zana wa attajirin jaridu William Randolph Hearst katafariyar fadarsa. Tashar tana hannun Hearst a lokacin, don haka mai zanen fadar ce ta zana ɗakin injin. Na daɗe ina kallon layukan jikin bangon. Ɗakin da ba mai shiga sai injiniya, amma aka yi masa ado kamar za a karɓi baƙi a ciki.

Tashar ta fara magana a 1926 da sunan KYA. A Amurka haruffa ake ba gidajen rediyo, na yammacin kogin Misisifi galibi su fara da K, na gabas da W. Ƙarfinta bai taka kara ya karya ba: wat 5,000 da rana, da dare a rage zuwa 1,000. Dalilin ragewar mu masu sauraron dare mun san shi tun a gida. Idan rana ta faɗi, muryar matsakaicin zango takan yi tsalle ta tafi nesa, shi ya sa tashoshin wasu ƙasashe ke shigo mana tsakar gida bayan isha'i. Su a nan doka ce ta ce ka sassauta murya don kada ka shiga gonar wani.

Daga inda nake tsaye ana hango fili a gindin dutsen, fayau. Nan filin wasa na Candlestick yake kafin a rushe shi a 2015. A ranar 29 ga Agusta, 1966, mawaƙan Beatles na Ingila suka yi wasansu na ƙarshe na yawon kiɗa a wurin, gaban mutum kimanin 25,000, kuma mutanen da suka yi suna a KYA ne suka shirya taron. Ɗayansu, Tom Donahue, shekara ɗaya bayan nan ya fara sabon salon saka waƙoƙi a zangon FM, salon da ya taimaka wajen janye matasa daga matsakaicin zango. Ɗan gida ne ya nuna wa barewa hanyar fita. A 1983 sunan KYA ya sauka daga kan 1260, tashar ta koma KOIT. A 2007 wata ƙungiyar 'yan ɗarikar Katolika, Immaculate Heart Radio, ta saye ta, aka raɗa mata KSFB, bayan shekara goma kuma ƙungiyar ta haɗe da Relevant Radio.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda tashar take ci da kanta. Lokaci-lokaci sukan keɓe kwanaki suna roƙon masu sauraro, kowa ya ba da abin da ya sawwaƙa, kamar dai yadda ake zagayawa da faranti don gyaran rufin masallacin unguwa. Da haka ake biyan kuɗin wutar wannan ƙarfe da ke kaina. Na kuma ji daɗin shirin kiran waya. Wata mata ta kira tana neman a sa mijinta a addu'a, yana kwance a asibiti. Ba a katse ta ba, har ta gama shessheƙarta.

Na zauna a kan wani dutse na kunna rediyon. A gindin ƙarfen muryar ta cika akwatin, ko ina na murɗa kusa da lambar ita nake ji. Da awa ta cika aka faɗi haruffa huɗun da sunan gari, yadda doka ta tanada.

Da na koma masauki na tarar dattijon ya zaro wata takarda da ta yi ja don tsufa, jerin waƙoƙin mako da KYA ke rabawa a kantunan faifai a da. Ya bi layi na uku da ɗan yatsa, ya ce da wannan ya fara rawa da marigayiyar matarsa. Na tambaye shi ko har yanzu yana kama 1260.

"Kullum da biyar na yamma," in ji shi. "Ita ce ta saba mini kafin ta rasu."